Facin Gwiwar Hagu

A Garo, idan wandon jins ya ci gwiwa ko ya ɓarke tsakanin cinyoyi, gidan Uwaliya ake kai shi. Telolin bakin kasuwa ba sa son aikin, sun ce karya musu allura yake yi. Ita kuwa shekara goma sha ɗaya ke nan tana yi, tun rasuwar mijinta, a kan tsohon keken ɗinkinta na ƙafa da ke ƙarƙashin rumfar tsakar gida. Tana da buhu guda cike da tsofaffin wandunan da suka wuce gyara. Daga jikinsu take yanko ƙyallen faci, ta daidaita launi da launi, ta shimfiɗa shi ta ciki, sannan ta yi ta kai da kawowa da zare a kai har ramin ya cike. Tsabar sabo, kallo ɗaya take yi wa yaga ta faɗi abin da ya jawo ta: wannan ƙusa ce, wannan wayar shinge ce, wannan kuwa zaman babur ne ya cinye shi.

Ran wata Talata da hantsi, ana tsakiyar zafin bazara, Kamila matar Ya'u ta yi sallama da leda a hannu. Yarinya ce mai fara'a, shekararta ɗaya da aure, gidansu na bayan masallacin unguwa.

"Ina kwana, Inna? An tashi lafiya? Ya zafi?"

"Lafiya lau, 'yar nan. Ya mai gidan naki? Ya gajiyar hanya, ta sake shi?"

"Alhamdu lillahi. Ya labarin Ƙasim?"

"Sai alheri," in ji Uwaliya, ta ci gaba da taka keke.

Ƙasim shi ne autanta, shi kaɗai ya rage mata a gida. Bayan an gama kaka suka tafi cin rani Abuja shi da Ya'u, aikin gini. Kwana ashirin da suka wuce Ya'u ya dawo shi kaɗai. Ya zo har gida ya durƙusa, ya ce Ƙasim ya samu wani sabon aiki ya tsaya, an kuma sace masa waya, shi ya sa ba a samunsa. Ya ajiye mata sabulu da gwangwanin madara, wai saƙon Ƙasim ne. Ta karɓa ta sa albarka. Amma abin bai kwanta mata ba, don tun da yaron ya fara fita nema bai taɓa yin kwana biyar ba ta ji muryarsa ba, ko da da wayar aro ne.

Kamila ta zazzage ledar. "Wandon mai gidan ne, Inna. Ƙafa ɗaya ta tsage gaba ɗaya, ga shi kuwa mai kyau ne, na ce asara ce a yar."

Uwaliya ta ɗauka ta juya cikinsa waje, kamar yadda take fara yi wa kowane wando. Sai ƙafarta ta tsaya cak a kan keken.

A gwiwar hagu akwai faci, kuma nata ne. Ba wai kama ya yi da nata ba. Daren jajiberin tafiyar Ƙasim ba a samu shuɗin zare ba, wanda take da shi ya ƙare mata ana tsakiyar aiki, sai ta ƙarasa rabin da kore. Har Ƙasim ya yi mata tsiya, ya ce ta mayar masa da gwiwa gonar albasa. Ga koren zaren nan, layi bakwai, yadda ta bar shi.

Ta miƙar da ƙafar wandon ta dama a kan cinyarta. Daga bakin ƙafar har zuwa cinya a tsage take, tsaga miƙaƙƙiya, babu ko zare ɗaya da ya tsaitsaye. Ƙusa ba ta yin haka, tsufa ma ba ya yi. Abu mai kaifi aka sa aka yanka. A gefen tsagar, daga gwiwa zuwa ƙasa, akwai wani dabbare mai ruwan ƙasa wanda aka wanke, aka sake wankewa, bai fita ba. Uwaliya ta haifi 'ya'ya shida, ta san kalar jinin da ya kwana a tufa.

Ba ta bari komai ya hau fuskarta ba. Ta lalubo almakashi ta riƙe, don hannunta ya samu abin yi.

"Shi ya aiko ki da shi?"

"A'a, bai ma sani ba," Kamila ta ce tana dariya. "A ƙasan jakarsa na gan shi a cukuikuiye, ya tura jakar can ƙarƙashin gado. So nake kawai ya gan shi a ɗinke."

"Kin taɓa ganinsa a jikinsa?"

Kamila ta ɗan yi tunani. "Ban taɓa ba. Ina jin a can ya saya."

"Haka ne, a can ya saya. Shi lafiyarsa ƙalau dai ko? Kwana biyu ban gan shi a hanya ba."

Nan fara'ar Kamila ta ragu. Ta gyara zama a bakin tabarma, ta rage murya. "Wallahi Inna, tun da ya dawo ban gane masa ba. Abinci sai ya tsakura ya ture. Bayan kwana bibbiyu sai ya yi sammako ya ce ya tafi Gwarzo neman taki, ya dawo hannu rabbana. Ga wani ciwo a gwiwar hannunsa, ya ce rodi ne ya karce shi a wurin aiki. In na cika tambaya sai ya tashi ya bar mini ɗakin."

"Maza sai haƙuri," Uwaliya ta ce. "Je ki, aikin zai ɗauki kwanaki."

Kamila na fita ta ninke wandon, ta sa a leda, ta zura hijabi. Ko wutar murhu ba ta tsaya kashewa da kyau ba, ruwa ta watsa mata. A bakin titi ta hau mota zuwa Kabo, wurin yayanta Malam Zainulabidin, wanda ke koyarwa a wata Islamiyya a can.

Ta same shi ya dawo daga sallar azahar, yana zaune a zaure da littafi a gabansa. Suka gaisa a tsaitsaye, ta baje masa wandon. Ta nuna masa koren zaren, ta nuna masa tsagar, ta nuna dabbaren. Malam ya cire tabarau ya goge, ya mayar.

"Uwaliya, ki bi a hankali. Abokai ne tun suna yara. Abokai kan yi musayar kaya. Zato zunubi ne, ko da ya zama gaskiya."

"Na sani, Yaya Malam. To in musaya suka yi, me ya sa ya ɓoye shi a ƙarƙashin gado? Me ya sa ya wanke shi da kansa, ga matarsa a ɗaki? Wane namiji ne zai dawo daga tafiya ya ba matarsa duk wankinsa ya hana ta guda ɗaya?"

Malam ya sake jawo wandon gabansa.

"Kuma wannan ba yaga ba ce," ta ci gaba. "Aikina ne, na sani. Yanka ne. Wata biyar suna aiki, kowa da abin da ya tara a aljihunsa. Ɗaya ya dawo, ɗaya ko muryarsa babu. Ruwa ba ya tsami banza."

"A'uzu billahi. Kada bakinki ya furta abin da ba za ki iya mayarwa ba." Ya shafa gemu, idonsa a kan dabbaren. Da ya sake magana, muryarsa ta sauya. "Kada ki gaya wa kowa tukuna. Magana irin wannan in ta fita, ko an wanke mutum ba ya wankuwa. Ki koma gida. In na sallami ɗalibai bayan la'asar zan zo, mu kira shi mu tambaye shi, mu uku kawai."

Sai bayan la'asar ta samu mota. A mota tana komowa, babu abin da zuciyarta ba ta kawo mata ba. Ta tuna yadda Ya'u ya ƙi haɗa ido da ita ranar da ya kawo sabulu. A lokacin ta ɗauka kunya ce. Ta tuna madarar ma ba irin wadda Ƙasim ya san tana sha ba ce. Ta tuna ran Juma'a ta hango shi zai biyo ta ƙofar gidanta, yana ganinta ya juya ya bi ta lungu. Abubuwan da ta gani ta wuce, yanzu duk suka taso suka jeru a gabanta.

Tana shan kwanar gidanta ta gan shi. Yana tsugune a inuwar darbejiyar ƙofar gida, yana tsinkar ƙasa da ɗan kara. Yana hango ta ya miƙe, ya sake durƙusawa.

"Barka da yamma, Inna. An dawo lafiya?"

"Lafiya. Ya iyali?"

"Lafiya lau. Dama... wani wando ne Kamila ta kawo bisa kuskure. Ba sai an gyara ba, Inna. Tsumma ne. Na zo in karɓa."

Uwaliya ta dube shi. Ya rame, wuyansa ya fito, ga gumi na bin gefen fuskarsa. Hannun rigarsa dogo ne duk da wannan zafi. Ta waiga, layin babu kowa sai awaki. Ta ji tsoro ya ratsa ta, amma ta ƙi shiga gida. Ta tsaya a nan fili inda duk mai wucewa zai gan su.

"A shekara goma sha ɗaya," ta ce, "ba a taɓa samun magidanci ya tako da ƙafarsa ya zo karɓar tsumma ba. Wandon wane ne?"

"Nawa ne, Inna."

"Naka ne."

"Eh."

Ta zaro shi daga leda, ta kama ƙugun da hannu biyu, ta sake shi ya warware. "Miƙe tsaye."

Ya miƙe a sanyaye. Ta kara wandon a ƙugunsa, kamar yadda take auna kowa. Ya'u gajere ne mai kauri, Ƙasim kuwa dogo ne siriri kamar mahaifinsa. Ƙafafun wandon suka sauka har ƙasa, suka kwanta a kan silifas ɗinsa, da saura kusan taƙi guda. Ƙugun kuwa ko rabin cikinsa bai rufe ba.

Ta bar shi ya kalli ƙafafunsa.

"Inna," ya ce, "wallahi yana da rai."

Ta tsare shi da ido. "Wa ya ce maka ya mutu? Ni na tambaye ka?"

Ya zube a ƙasa, ya dafe kai. Daidai nan Malam Zainulabidin ya sauka daga babur ɗin haya, ya iske su haka. Ya dubi ƙanwarsa, ya dubi Ya'u, ya ce su shiga zaure.

A zaure Ya'u ya yi bayani. Ya ce tare suka dawo. Sun sauka a Gwarzo, sun hau babur za su ƙaraso gida, sai wata mota ta kaɗe su ta gudu. Ƙafar Ƙasim ta dama ta karye a wuri biyu. Mutane suka taimaka aka kai shi ƙauyen Kara, gidan wani mai ɗori da ake kira Malam Nata'ala. Shi ne ya yanka wandon da reza, don ƙafar ta kumbura ba ta cirewa. Ya'u kuma ya taho da wandon gida, ya wanke a ɓoye. Ƙasim ne ya roƙe shi kada ya faɗa, saboda hawan jinin Inna. Can yake zuwa bayan kwana bibbiyu, ba neman taki ba.

"Alhamdu lillahi," in ji Malam, ya sauke ajiyar zuciya. "To ai ka ga..."

"Ban gani ba tukuna," Uwaliya ta katse shi. Ba ta taɓa katse yayanta ba sai ran nan. "Wanda ya yi mini ƙarya kwana ashirin, ba zan gaskata shi a ɗan zaman nan ba. In yana da rai, kira shi in ji."

"Wayarsa ta fashe a wurin, Inna. Ta Malam Nata'ala kuma sai an hau tudu take samu."

"To tashi mu je."

"Yanzu? Inna, yamma ta yi. Gobe da sassafe..."

"Yanzu."

Suka hau mota zuwa Gwarzo. Uwaliya ta sa Malam ya zauna a bakin ƙofa, Ya'u a tsakiya, don kada a tsaya sauke wani ya tsallake ya gudu. Duk tsawon hanya idonta na kan hannayensa. Yana ta murza yatsu. Ta ce a ranta, mai gaskiya ba ya wannan rawar jiki. Sai kuma ta ce, wanda ya kashe mutum ai ba zai ambaci sunan gari da sunan mai gida ba. Haka ta yi ta saƙawa tana kwancewa har suka sauka. Daga tasha suka ɗauki babura uku, suka bar kwalta suka bi hanyar ƙasa tsakanin gonakin da aka share ana jiran ruwa. Duk sanda babur ɗin Ya'u ya ɗan yi nisa, sai ta taɓa kafaɗar mai tuƙa ta ta ce ya matsa kusa.

Rana ta yi ja suka isa. Gida ne na ƙasa mai faffaɗan zaure, da wasu ɗakuna biyu a gefe inda masu karaya ke jinya. Malam Nata'ala, dattijo mai farin gemu, ya fito, hannunsa na warin man shanu da magani. Yana ganin Ya'u ya ce, "A'a, yau kuma da yamma? Ba jiya ka zo ba?"

Uwaliya ba ta jira an gama gaisuwa ba. Ta ɗaga labulen ɗakin farko, wani tsoho ne. Ta ɗaga na biyu.

Yana kwance a kan tabarma, ya jingina da bango, ƙafarsa ta dama a miƙe an ɗaure ta da tsagin kara da tsumma. Gashi ya cika masa kai, ya yi baƙi, ya zabge. Yana riƙe da kwanon fura. Yana ganinta kwanon ya kusa suɓucewa.

"Inna!"

Ta zauna a nan bakin ƙofa. Ta kai hannu ta taɓa ƙafarsa mai lafiya, ta matsa, ta ji ɗumi. Sai a lokacin kukan da ta riƙe tun hantsi ya ƙwace mata. Ta yi mai isarta, shi ma yana share ido, Malam Zainulabidin na tsaye a bayanta yana ta hamdala.

Da ta natsu ta fyace hanci da gefen hijabi. "Kwana ashirin, Ƙasim. Ko kira ɗaya."

"Na san in kika ji muryata za ki gane, Inna. Ban taɓa yi miki ƙarya ta wuce ba. Na ce bari in fara takawa tukuna, in zo miki da ƙafata."

"Da ka zo ka tarar da ni a kabari. Motar da ta kaɗe ku, ba wanda ya ga lambarta?"

Ƙasim ya yi sororo. "Wace mota?"

Uwaliya ta juya a hankali. Ya'u na tsaye a waje, ya sunkuyar da kai.

Malam Nata'ala ne ya yi magana, cikin mamaki. "Hajiya, ai babu mota a maganar nan. Babur ne ya ƙwace musu a gangaren rafi. Ga shi can ma a bayan rumbu, gabansa ya lotse."

A nan sauran maganar ta fito. Ranar da suka sauka a Gwarzo, Ya'u ya sayi babur na hannu, burinsa ya shiga Garo a kansa mutane su gani. Bai iya tuƙi sosai ba, sau uku ya taɓa hawa. Ƙasim ya ce su nemi wanda zai tuƙa musu, Ya'u ya ce raini ne. A gangare ya rikice, ya murɗa wuta maimakon birki. Shi ya faɗa cikin yashi ya kurje hannu, babur ɗin ya danne ƙafar Ƙasim. Gaskiya ne Ƙasim ya ce a ɓoye wa Inna na kwana biyu ko uku. Amma da kwanakin suka wuce ya ce a je a faɗa mata, Ya'u ne ya yi ta cewa a ƙara haƙuri, a ƙara haƙuri.

"Tsoro na ji, Inna," Ya'u ya ce daga bakin ƙofa. "Na rasa da wane ido zan kalle ki. Na rasa me zan ce wa gari."

"Har a zaurena, gaban Yaya Malam, ka ƙara wata ƙaryar," ta ce. Ba ta ɗaga murya ba. "Ka san abin da na ɗauka ka yi? Ka san abin da na yini ina zarginka da shi?"

Malam Zainulabidin ya yi gyaran murya, ya ce tsautsayi ba ya wuce ranarsa, kuma yaron bai gudu ya bar abokinsa ba, shi ke kawo abinci da magani, wannan ma abin dubawa ne. Malam Nata'ala ya gaskata, ya ce ranar farko a bayansa Ya'u ya goyo Ƙasim daga bakin rafi.

"Na ji," in ji Uwaliya. "Allah Ya saka masa da wannan. Maganar ƙaryar kuma sai zuciyata ta huce." Ta dubi Ya'u. "Ka koma tare da Yaya Malam. Ka gaya wa matarka komai da bakinka, yau ɗin nan. Yarinyar nan tana can tana zaton ita ta yi maka laifi."

Ita ba ta koma ba. Indo, uwargidan mai ɗorin, ta ba ta wuri a ɗakinta, ta zauna jinya. Ganin zaman ya yi mata yawa, ta karɓi allura da zare a wurin Indo, ta haɗe tsagar wandon da hannu, ɗinki biyu a jere don ya yi ƙarfi, ta kuma gyara wa 'ya'yan gidan nasu da suka mutu a gwiwa. Kafin mako ya zagayo matan maƙwabta sun fara aiko da nasu.

Bayan sati biyar aka kwance ɗorin, suka dawo Garo ana ruwan shuka. Ƙasim na takawa da sanda, ƙafar ta ɗan gajarta kaɗan, abin da bai rabu da shi ba. Damanar nan bai iya noma ba. Ya'u ne ya yi masa huɗa da shuka da noman fari, ba tare da kowa ya sa shi ba, sai ya gama gonar Ƙasim yake shiga tasa. Babur ɗin ya sayar wa masu gyara a Gwarzo, bai sake sayen wani ba.

Uwaliya na amsa gaisuwarsa, har takan aika masa da kunu gona. Amma an daɗe, in ya zo ya ce mata gero ya yi kyau ko taki ya isa, sai ta ce to madalla, ta bari ya tafi, sannan ta sa hijabi ta je ta gano da idonta.